Sawun Keke a Sabon Daɓe

A gidan su Auta akwai gareji. Daɓensa duk ya farfashe, baƙin mai ya ɓata shi. Ƙanin mamarta, wanda take kira Kawu, ya koyi zuba wani fenti mai kauri da ake kira ifoksi. Amma har yanzu ba wanda ya ba shi aiki. Sai Baba ya ce ya fara da garejinsu, mutane su zo su gani da idonsu.

Kawu ya zuba fentin, ruwan toka. Da ya bushe, daɓen ya yi sumul, har mutum yana ganin fuskarsa a ciki. Wani mai sayar da motoci ya ce zai zo ranar Asabar ya duba. In aikin ya yi masa, Kawu ne zai yi daɓen shagonsa. Saboda haka Baba ya bar motarsa a waje, ya kuma ja wa kowa kunne kada a shiga.

Ranar Alhamis Auta ta dawo daga makaranta, ta ga ƙofar garejin a buɗe. Ta dubi kekenta, ta dubi daɓen. Ta ce a ranta zagaye ɗaya kawai za ta yi.

Zagaye ɗaya ya zama da yawa. Keken yana sulalewa kamar a kan ruwa. Ta ƙara gudu, ta ga bango a gabanta, ta matse birki. Da ta waiga, sai ga baƙaƙen layuka kamar an ja da gawayi.

Ta yi maza ta sauka daga keken. Ta goga da tsumma, ba su fita ba. Ta lallaɓa kicin ta ɗauko soson ƙarfe, ta durƙusa ta dinga dirza. Baƙin ya fita a wuri ɗaya, amma ƙyallin ma ya tafi. Wurin ya yi fari, duk ya karce. Ta jawo kwali ta rufe shi.

Da yamma Kawu ya zo. Ya ɗaga kwalin, ya daɗe yana kallo. Sannan ya tambayi Mama wa ya shiga garejin. Auta tana bayan ƙofa tana ji. Ta fito kanta a sunkuye.

"Ni ce, Kawu. Na so in goge kafin ka gani."

"Da me kika goge?"

Ta nuna masa soson.

Kawu bai yi faɗa ba. Ya sa ta kawo ruwan ɗumi a bokiti, da sabulun wanke-wanke, da buroshi mai laushi. Suka jiƙa sauran layukan, suka bar su suka jiƙu. Ya ce ta goga a hankali. Baƙin ya narke ya bi kumfa. Suka ɗauraye, suka tsane da tsumma. Daɓen ya koma yana ƙyalli, ban da wurin da ta karce.

"Kin gani? Sawun taya ba komai ba ne," in ji Kawu. "Amma inda kika karce, sabulu ba ya gyara shi. Sai na sake zuba fenti, kuma ba zai bushe kafin Asabar ba."

Ya kira mai motocin, ya roƙe shi ya ɗaga ranar. Mutumin ya ce zai duba, domin akwai wani ma da ke neman aikin. Auta ta ji wannan, abinci ya ƙi ciyuwa. Baba ya kulle keken a ɗaki.

Kawu ya sake zuba fentin, ya bushe. Mako ya zagayo, sai ga mai motocin. Ya zaga garejin, ya shafa daɓen. Ya ce ya yi kyau, amma shagonsa cike yake da motoci, yaya za a yi da sawun taya? Kawu ya ce ai yana da ƙwararriya a gida. Ya kira Auta, ta yi bayanin komai, har da abin da soson ƙarfe ya yi. Mutumin ya yi dariya, ya ba Kawu aikin.

Bayan ya tafi, Mama ta zaunar da ita.

"Auta, in an hana ki abu, ki hanu. In kuma kin yi kuskure, ki faɗa da wuri. Ɓoye laifi ƙara shi yake yi."

"Na ji, Mama."

Tun daga ranar, in Auta ta ɓata abu, takan faɗa, ta kuma tambayi yadda ake gyarawa.