Garken Yaya Tanimu

Ranar Laraba, ƙarfe huɗu da kwata na yamma, wata yarinya mai suna Lantana ta goge wasanni uku daga kwamfutar gidansu, don hotunanta su sami wuri.

Ɗaya daga ciki wasan kiwo ne. Yayanta Tanimu ya tara dabbobi goma sha biyu a cikinsa kafin ya rasu. Tun daga rasuwarsa, Inna ce ke ba su abinci kullum bayan la'asar, domin a wasan nan duk dabbar da ta daɗe da yunwa tafiya take yi, ba ta dawowa.

Inna ta duba kwamfutar, babu wasan. Ta ce, "Auta, kin taɓa ta?"

"Ban taɓa ba."

Aka kai wa mai gyara. Ya ce, "'Yata, ba ki danna komai ba?"

"Ban taɓa ba."

Kwana tara yana binciken cikin kwamfuta, yana neman cutar da babu ita. Inna kuwa, da la'asar ta yi sai ta zauna gaban teburin da babu komai a kansa.

Rana ta goma Lantana ta ce, "Inna, ni na goge."

Mai gyara ya riƙe baki. "Haba 'yata! Da kin faɗa, ai aikin minti biyar ne." Ya shiga rumbun wasanni na intanet da sunan Tanimu, ya sauko da duka ukun.

Inna ta buɗe garke, ta duba a hankali. Waɗanda suka rage su ne jaki, da tsohuwar tunkiya, da 'yar akuyar da Tanimu ya raɗa wa suna Lantana.