Wasiƙar da Ba a Taɓa Rubutawa Ba

Ranar da Nives ta fara ganin Domagoj, yana kan tsani a ɗakin ajiyar tsofaffin takardu na birnin Zadar inda yake aiki, ƙura har girarsa. Wasiƙar wata tsohuwar marubuciya ta zo nema, don kundin digirinta.

"Ina kika ga an ambace ta?" ya tambaya.

"A littafin babana, Farfesa Marasović."

Wata biyu suna bincike tare. Wasiƙa ba ta fito ba, amma so ya kama su. Ran nan saƙonsa ya shigo:

"Zuciyata, na buɗe akwatin ƙarshe. Babu ita, ko a rajista. Ki zo, kada ki zauna da wannan ke kaɗai."

Ta tunkari mahaifinta yana cin abincin rana.

"Baba, wasiƙar nan ƙirƙirarta ka yi?"

Ya ci gaba da zare ƙayar kifi. "Mai share ƙura ne zai koya mini aikina? Ke ma ni na kawo ki duniya, kuma wasiƙar ta fi ki amfani a gare ni."

Waya ɗaya ya buga, aka kori Domagoj bisa zargin shi ya sace wasiƙar. Ita ma Nives zuciyarta ta yi rawa.

"Ka rantse mini ba ka ɗauka ba," ta rubuta masa.

"In har sai na rantse miki, bar shi kawai."

Kwana tara bai ɗaga kiranta ba. Ta buɗe durowar mahaifinta, ta samu wasiƙar kwafi uku da rubutun hannunsa, yana gogewa yana gyarawa. Ta sa hotunansu cikin kundinta, sannan ta hau jirgin ruwa zuwa tsibirin su Domagoj. Ta iske shi yana ɗinkin komar kamun kifi.

"Ka yafe mini, masoyina."

Ya ajiye komar. "Zauna, kin sha hanya."

Ba a mayar da shi aiki ba. Safiyar ɗaurin aurensu saƙon Farfesa ya iso: "Na cire sunanki daga shafin sadaukarwa na littafina. Ba ni da 'ya."

Ta karanta a ƙofar coci, ta fashe da kuka. Kakar Domagoj ta kama hannunta.

"Share hawayenki, 'yata. Allah ya ba ku 'ya'yan da ba za su ji tsoron tambayarku ba."

Ita ta raka ta har gaban ango, a madadin mahaifinta.