Gong a Ƙarƙashin Gilashi

Ana daf da kiran magariba Bu Ngatmi ta sauke tukunyar shinkafa, ta leƙa ɗakin 'yarta don ta ce mata ta tashi, ba a kwanciya a irin wannan lokaci. Lintang ba ta kan gado. Tana ƙasa a rigingine kan siminti, hannuwanta manne da jikinta, idanunta a buɗe suna kallon rufi. Uwar ta ɗauka gajiya ce, don tun hantsi suke tsaye. Sai tsakuwa ta faɗo a kan rufin gidan, guda ɗaya. Can an jima wata ta biyo baya.

"Ke, tashi mana. Simintin nan da sanyi."

Lintang ta motsa leɓe da ƙyar. "Inna, ki ce su daina taka ni."

Duk wanda ya tashi a birnin Solo ya san ba a tsallake kayan kiɗan kakanni, balle gong, ƙaton faifan tagullar nan da ake ratayewa, wanda in an buga shi sau ɗaya mutum yakan ji shi a ciki kafin kunne. Kewaya shi ake yi. Yaro ma in ya manta, ranƙwashi ke tuna masa. Lintang ta san wannan sarai, sai dai ta yi shekara huɗu a makarantar zane, ta dawo da ra'ayin cewa aikin mai fasaha shi ne ya taɓa abin da mutane ke tsoro. Ni dai ban yi karatun ba, amma ban taɓa ganin wanda ya taɓa irin wannan ya wanye lafiya ba.

Pak Hendrawan, attajiri mai gonakin taba, gida guda ya ware wa kayan da ya tara. Akwai gumakan dutse da aka tono daga tsoffin kufai, ga zane-zanen da fentinsu bai gama bushewa ba. Wuƙaƙen mutanen zamanin da suna rataye kusa da wani tulin takalman roba da aka ce shi ma fasaha ne. Shi ya ba Lintang wani tsohon gong daga rumbunsa, ya ce ta yi abin da ta ga dama da shi. Ta sa aka haƙa rami a tsakiyar lungun da ya haɗa ɗakin tsoffin kaya da na sababbi, aka kwantar da gong ɗin a ciki, aka rufe da gilashi mai kauri, aka liƙe gefensa da siminti. Duk mai wucewa daga wancan ɗaki zuwa wannan, ta kansa zai bi.

Ranar da ta kwanta ɗin nan ce aka buɗe wa baƙi, ranar ce kuma iyayenta suka je gani. Bu Ngatmi ta zo bakin gilashin ta tsaya cak. Ta tattare zaninta, ta manna baya da bango, ta bi ta ɗan siririn gefen da aka bari, wanda bai fi taƙi biyu ba. Mijinta Pak Darmaji tela ne, shekara arba'in yana cewa "to" ga masu kuɗi. Mai gidan na riƙe da hannunsa yana yi masa bayani, sai ya ji nauyin ya zame. Ya runtse ido ya taka. Lintang kuwa ta tsaya a tsakiyar gilashin, tana dariya ana ɗaukar ta hoto.

Da yammar nan maza uku suka yi ƙoƙarin ɗaga ta daga ƙasa, suka kasa. Yarinyar da iska mai ƙarfi ke iya turewa ta koma kamar turmin dutse. Likita ya zo ya auna duk abin da ake aunawa, ya ce bai ga komai ba, ya fita yana waiwayen rufi, domin tsakuwar ba ta daina faɗowa ba. Kullum rana ta yi ja sai ta fara, ɗaya bayan ɗaya, ba gaggawa. Wani lokaci kuma wani amo yakan taso daga ƙarƙashin siminti, mai kauri, har ruwan da ke cikin kofi ya yi ta rawa. Maƙwabta suka daina shigowa aron gishiri. Pak Darmaji ya bar shagonsa a rufe, gidan ya yi musu ƙunci, kowa yana tafiya a gefen bango ba tare da an ce ya yi ba.

Uwar ce ta fara lura. Daga ƙarfe goma na safe Lintang ke fara nishi, tana ƙanƙame ciki kamar ana ɗora mata kaya ana saukewa, har zuwa ƙarfe huɗu. Ranar Litinin kuwa ta wuni shiru, har ta sha kunu. Gidan Pak Hendrawan goma yake buɗewa, huɗu ya rufe, ran Litinin ba ya karɓar baƙi.

Sau biyu Pak Darmaji ya je roƙon a fasa gilashin. Attajirin ya ba shi shayi, ya saurare shi da ladabi, ya ce aikin nasa ne yanzu, daga Jakarta ma ana zuwa gani, ba zai fasa shi don tatsuniya ba. Ya ce in ana so direbansa ya kai ta babban asibiti. Tela ya ce "to", ya dawo gida yana jin haushin kansa.

A kwana na tara aka ɗauko Malam Sholikin daga makarantarsa ta bayan gari. Tsoho ne ɗan firit, ba ya son dogon zance. Ya iso bayan la'asar, ya zauna daidai kanta, ya fara karatu a hankali. Ya daɗe yana yi. Hasken taga ya koma ja, tsakuwa ta faɗo sau ɗaya, ba a ƙara jin ta biyu ba. Sai bakin Lintang ya buɗe, wata murya ta fito wadda ba tata ba, mai kauri, tana jan ƙarshen kowace kalma.

"Ya isa, Malam. Ina ji."

"Wane ne kai?"

"Mazaunin tagullar nan. Shekara ɗari biyu ina rataye, ban taɓa kowa ba."

"Yanzu ka taɓa. Wannan zalunci ne."

"Ita ta kwantar da ni. Da takalmansu suke bi ta fuskata, maza da mata da 'ya'yansu. Ko ƙofa ba ta bar min ba. Da ta tsaya a kaina na kama ƙafarta. Yadda nake kwance, haka za ta kwanta."

Bu Ngatmi ta toshe baki da gefen mayafi. Malam bai ɗaga murya ba.

"Me zai sa ka saki?"

"A yanka min baƙin zakara, a zuba min furanni."

"Ko gashin kaza ba za ka gani ba. Faɗi wani."

"A fasa gilashin."

Malam ya dubi Pak Darmaji. Tela ya sunkuyar da kai. "Mai shi ya ƙi, Malam. Sau biyu."

Malam ya koma karatu, wannan karon da ƙarfi. Jikin yarinyar ya sandare, numfashinta ya soma yankewa, leɓunanta suka yi duhu. Muryar ta ce, cikin wahala, "Ci gaba. Tare za mu ƙone." Malam ya dubi fuskar Lintang, ya tsaya. Ya san aljanu wani lokaci suna ƙarya, amma bai ga alamar ƙarya a leɓunan nan ba.

"To mu yi magana ta gaskiya," in ji shi. "Gilashi ba a hannunmu yake ba. Me ke hannunmu?"

Daga nesa aka ji ladanin unguwar gaba yana gyara murya.

"Kada a ƙara taka ni. Zan koma ramina in jira. Amma ranar da ƙafa ɗaya ta bi ta kaina, na dawo, kuma ba saki."

"Wa zai tsare maka hanya a gidan da ba namu ba?"

"Ni," in ji Pak Darmaji.

Malam ya juyo. "Darmaji, ka san abin da kake ɗauka? Kwana shida a mako gidan nan yake buɗewa."

Idanun Lintang suka karkato kan ubanta, amma ba ita ke kallon sa ba. "Kai ma ka taka ni, tela."

"Na taka. Kunyar mai kuɗi ta sa. Ba zan ƙara ba, ba kuma zan bar wani ba."

Malam ya sa tela ya yi alkawari da sunan Allah, sannan ya ce wa mazaunin tagullar ya fita ta babban yatsan ƙafar yarinyar. Yatsan ya yi karkarwa, amon nan ya taso daga ƙasa sau ɗaya, ya yi ta raguwa har ya ɓace. Lintang ta yi atishawa, ta yunƙura ta zauna da kanta. "Inna, ƙishirwa nake ji," ta ce da muryarta.

Washegari kafin ƙarfe goma Pak Darmaji ya isa gidan attajirin da 'yar kujerarsa ta shago, ya zauna a bakin gilashin. Duk wanda ya doso, sai ya haɗa hannuwa ya ce, "Don Allah a kewaya ta gefe." Masu gadi suka zo fitar da shi, Pak Hendrawan ya ɗaga musu hannu. Ya tsaya daga nesa yana kallon yadda baƙi ke manna baya da bango suna bi ɗaya bayan ɗaya, suna ɗaukar hoton tsohon. Fuskarsa ta washe. Kafin mako ya zagayo ya sa an kafa fitila a saman kujerar, an kuma ƙara sunan tela a ɗan allon da ke bango, ƙarƙashin na 'yarsa.

Lintang ta roƙi attajirin har da kuka ya bar ta ta rushe abin da ta gina. Ya ce mata ai yanzu ne ma aikin ya cika. Ita ko lungun ba ta iya shiga, da ta kai bakinsa ƙafafunta ke mutuwa. Uwar ce ke karɓar mijinta na minti goma ya yi azahar.

Shekara biyu ke nan. An mayar da shagonsa wurin sayar da waya. Ya daina shan shayin safe don kada fitsari ya tashe shi daga kujera, kuma idonsa ba ya barin ƙafafun mutane, musamman yara masu gudu. Na gan shi watan jiya, ya rame, ya tsufa, tausayinsa ya hana ni gaishe shi da kyau. Ina tsaye wata baƙuwa mai ƙaton gilashin ido ta durƙusa kusa da shi, tana murmushi.

"Baba, wasan nan naka ya burge ni. Sai yaushe za a gama shi?"

Tsohon ya ɗaga kai. Can bakin ƙofa Lintang ce tsaye a kan ƙafafunta, riƙe da kwanon abincinsa, tana jiran wanda zai miƙa masa. Ya daɗe yana kallon ta, sannan ya juyo ga baƙuwar ya haɗa hannuwa.

"Kewaya ta gefe, 'yata," ya ce. "Don Allah."