Itatuwan da Baba Ya Dasa

Da ƙarar gatari Munira ta farka, ta fito a guje ko kallabi babu. Tun daga bakin gari ta hango bedin farko na gonarsu yana tangaɗi, ya zo ƙasa rim! Wayyo Allah... itacen da mahaifinta ya dasa ranar sunanta ke nan! Wan mahaifinta, Baba Ilyasu, yana tsaye da masu sara biyu, yana kaɗa takardar ƙaramar kotu kamar mafici.

"Baba, don Allah ka bari! Ka tuna da ɗan'uwanka da ke kabari!"

"Ke ɗiyar nan, tashi ki ba ni wuri! Alƙali ya ce gona tawa ce, aro na ba ubanki. Mi kike so kuma?"

Kwana arba'in kacal da rasuwar mahaifin nata Baba Ilyasu ya kai ƙara. Ranar shari'a mahaifiyarta Tala tana takaba, ga ciwon ƙafa ya kwantar da ita. Shaidarsu ɗaya, tsoho Malam Jaye, motar haya ta lalace da shi a hanyar Agiye inda kotun take, kafin ya iso an yanke hukunci. Ba a saurare shi ba, ba a kuma taka an ga gonar ba. Marainiya, wa zai tsaya mata?

Ta durƙusa gaban Malam Jaye tana kuka kamar ranta zai fita. Tsohon ya girgiza kai. "Munira, ba itacen wuta yake nema ba, shaida yake kashewa. Kaf ƙasar nan wa ya taɓa dasa icce cikin gonar aro? Mai aro gero nai da wake, ya girbe ya tahi. Ki tahi Maraɗi yanzu-yanzu, gaba da alƙali akwai alƙali."

Ta tafi ba ko ruwa a cikinta. Daga wannan buro, wato ofis, a tura ta wancan, a ce ta zauna, a ce ta dawo gobe. Ta kwana gidan wata 'yar garinsu, zuciyarta na can gona tana lissafin saran gatari. Itace ashirin da bakwai ne, nawa suka rage? "Ya Allah, ba ni da kowa sai Kai... Ka tsayar da hannun bawan nan!" Kashegari babban alƙali ya karanta kokenta, ya ɗago ya dube ta, ya ce a kawo masa takardun shari'ar baki ɗaya. Ya kuma sa hannu a takardar dakatarwa: kada a sare ko reshe, kada a shuka, kada a sayar, sai babbar kotu ta duba.

Da la'asar suka iso a kan babur ita da ma'aikacin kotu. Saura itace tara! Aka karanta wa Baba Ilyasu takardar a gaban jama'a, ya karɓa da hannu biyu har da "to, ranka shi daɗe". Ƙurar babur ba ta kwanta ba ya ce da masu sara su ƙarasa. Mai rabon shan duka ba ya jin bari! Munira ta rungume itace na ƙarshe, wata kuka, aka fizge ta aka yar, gwiwarta ta fashe. Tala ta ji labari ta yanke jiki ta faɗi. Gona ta zama fili fetal, kamar kan da aka yi wa aski.

Mako shida tana jira, ta rame ta lalace, kullum tana bakin hanya. Ruwa ya sauka kowa ya yi shuka, ita ko ƙwaya. Ranar da babban alƙali ya zo gonar da kansa, sai ga ikon Allah: kowane kututture ya tofo, kore shar, a jere reras kamar yadda aka dasa su!

Alƙali ya nuna su ya ce, "Malam Ilyasu, wa ya dasa waɗannan?"

"Ƙanena ne, ranka shi daɗe. Suna tare ma gero rana, shi ya sa..."

"Shekara nawa kana kallonsu?"

"Ashirin... da 'yan kai."

Dattawa suka ɗauki salati. Malam Jaye ya ce, "Shekara ashirin mai aro na dasa icce cikin gonarka ba ka ce uffan ba? Ilyasu, ji tsoron Allah!"

Nan take aka soke hukuncin farko, aka mayar wa Munira da mahaifiyarta gonarsu. Jandarma suka tasa ƙeyar Baba Ilyasu saboda take umarnin kotu, yana waige yana kiran "ɗiyata", da bakin da ya kore ta kwanakin baya.

Munira ta taka a hankali zuwa bakin gonar. Ta durƙusa gaban kututturen bedin sunanta, ta shafa sabon ganyen, hawaye na zuba a kansa, tana kiran marigayi mahaifinta.

"Baba... sun tashi sun yi maka shaida."