Kwanon Saje Mujitaba

Duk wanda ya saba cin kasuwar Ƙafin Maiyaki ya san dattijon nan da ke zama a bakin tasha da ɗan kwanon soja a cinyarsa, yana kiran masu wucewa, "Bismillah, zo mu ci." Ba mai zuwa. To, wannan da kuke gani, akwai lokacin da sai an yi layi kafin a gaishe shi.

Saje Mujitaba ke nan. Shekara ashirin da biyu ya yi a soja, ya dawo gida da ɗingishi da wannan kwano da ya ci abinci a cikinsa a kowane fagen daga. Ya ga waɗanda ya bari suna tallan rake sun zama Honorabul, shi kuwa ko a ɗaurin aure ba a matsa masa tabarma. Sau biyu ya nemi kansila, sau biyu ana kayar da shi. Gonar gado ta tafi a kan fasta da man babura. Zuciya ta ƙeƙashe.

Wata Talata da rana tsaka ya ajiye babur a gefen dajin Falgore, ya bi sawun shanu har gindin wani dutse inda bokanya Asibi take. Wurin ko tsuntsu ba ya kuka. Ƙahonni ne rataye a bakin kogo, ga tukwane baƙaƙe a kife, kowace da jan ƙyalle a wuya, ƙudaje sun rufe wani turmi da jini ya bushe a jikinsa.

"Soja, kujera kake so," in ji Asibi, ba ta ko ɗago kai ba. "Me ka mallaka da bai taɓa rabuwa da kai ba?"

Ya ciro kwanon daga jaka. Ta yanka baƙin zakara a kansa, ta tofa, jinin ya shige cikin ƙarfen kamar ruwa a rairayi.

"Kullum ka ci a ciki. Duk kujerar da ka ci, zai ɗauki mutum ɗaya cikin masu ci a cikinsa."

"Har da ni?"

"Kai ne mai ciyar da shi. Amma ranar da ya wuni babu abinci har rana ta faɗi, kai zai ci."

Saje ya yi murmushi. A soja ya koyi cewa akwai masu shiga gaba, akwai masu ba da oda daga baya. Ɗan siyasa kuwa ai ba ya rasa mai ci da shi.

Ya jawo wani ɗan bangar jam'iyya, Habu, suna cin tuwo kullum a kwanon. Saje ya ci kansila, Habu ya faɗi a babur a hanyar Ba'awa. Saje ne ma ya sayi likkafani. Kuɗi suka shigo, bene ya tashi, motoci suka cika ƙofar gida.

Da zaɓen ciyaman ya zo, ya jawo wani. Ya ci zaɓe, mutumin na nan garau, sai ɗansa Ghali ne ya yanke jiki ya faɗi a tsakar gida. Saje ya ce ajali ne, ya hana zuciyarsa tambaya. Bayan shekara uku ya fito takarar majalisar jiha.

Saura kwana uku zaɓe, ya dawo gida ɗaukar hula, sai ya iske Furera, 'yarsa da ta rage masa, tana suɗe kwanon da yatsa. Ya daka tsawa ya fizge.

"Tasalla! Wa ya ba ta wannan?"

Matarsa ta fito da mamaki. "Haba Saje, yau aka fara? Sauran abincin maigida ai na 'ya'ya ne, don albarka. Da ita da marigayi har faɗa suke a kai."

Sai a lokacin ya gane abin da ya ci Ghali.

Ya je wurin shugabannin jam'iyya ya ce ya janye. Suka yi dariya, "Ranka ya daɗe, an riga an buga takardun ƙuri'a." Ya bi ƙauyuka, yana hawa kan mota yana roƙo da hawaye, "Don girman Allah kada ku zaɓe ni!" Jama'a suka ce ba su taɓa ganin mai gudun mulki irinsa ba, suka ƙara ihu, "Sai Saje!"

Ya koma wurin Asibi, ya durƙusa, ya zube mata makullan motoci.

"Kwashe tarkacenka," ta ce. "Ai na ba ka hanya tun farko. Ranar zaɓe ka bar shi da yunwa. Kai ka tafi, yarinya ta zauna."

Ranar Asabar ya kulle kansa a ɗaki da kwanon, babu ko ƙwaya a ciki. Azahar ta wuce. La'asar ta yi, ya ji kamar ana yagar hanjinsa da farce. Yana jiyo Furera a waje tana cewa, "Baba, a kawo maka fura?" Ya ce a'a. Rana ta yi ja, ta taɓa kan katanga, numfashinsa ya fara yankewa. Mutumin da ya tsaya gaban harsashi shekara ashirin da biyu, sai ga shi yana laluben aljihu. Ya sami ragowar gyaɗa, ya watsa a kwanon.

Washegari ana sanar da nasararsa a rediyo, ana yi wa gawar Furera wanka. Da Tasalla ta ji gaskiyar magana daga bakinsa, hankalinta ya gushe, ta fita ba mayafi, har yau 'yan'uwanta a ɗaure suke riƙe da ita a Tudun Wada. Bai zauna a kujerar ba ko sau ɗaya. Bene ya tafi, motoci suka bi, kwanon kaɗai ya ƙi barinsa, kuma har gobe bai yarda ya bar shi ya wuni da yunwa ba.

Ku masu neman a kira ku Honorabul ko ta halin ƙaƙa, ku je bakin tasha ku dube shi da kyau. Boka bai taɓa karɓar abin da kuka raina ba. Abin da ke cikin gidanku yake nema, kuma da hannunku zai sa ku miƙa masa.