Ƙadangaren Malam Isiyaku

Ranar Laraba da hantsi aka tarar da akwatin Malam Isiyaku a buɗe, babu dutsen da yake ajiyewa a ciki. Tsohon malamin firamare ne a Kibiya, ciwo ya kwantar da shi. Tun yana saurayi ya zo da dutsen daga hamadar Agadas, faffaɗa kamar faifai, ƙasusuwan ƙadangare manne a jikinsa. Ya ce dabbar ta rayu tare da manyan halittun da suka ƙare tun kafin ɗan Adam. Shekara arba'in gari na yi masa dariya. Ga shi ran Asabar masana za su zo daga jami'a su duba.

Saja Ɗayyabu, ɗan sanda kuma tsohon ɗalibinsa, ya zo daga Rano. Ya fara da Manu dillali.

"Ka taya dutsen?"

"Sau biyu, yallaɓai, ya kore ni. Amma tun Litinin ina Kano, yanzu na sauka."

Direban motar da ta kawo shi ya shaida. Sai Jabiru magini, mai gyaran katangar gidan.

"Ƙashin aljanu? Ko kyauta ba na so."

Ƙafarsa duk laka ce, ɗakin Malam kuwa tsaf, babu ko sawu.

Saja ya koma kan akwatin. Ba a fasa kwaɗo ba. Zanen da ake naɗe dutsen da shi yana ciki, an ninke shi gida huɗu. Ya sami Hajiya Tani, matar Malam, a bakin murhu, ya tsuguna.

"Inna, ɓarawo ba ya tsayawa ninke zane. Ina yake?"

Ta iza wuta, sannan ta amsa.

"Yana cikin rumbu, ƙarƙashin dawa. Ɗayyabu, in suka ce dutsen banza ne fa? Da wannan maganar zai tafi? Gara ya ce sata aka yi masa."

Saja bai rubuta komai ba. Ta roƙe shi ya bar ta zuwa Juma'a, ita za ta gaya wa mijinta da bakinta. Ya yarda.

Malam bai kai Juma'a ba. Ya rasu ran Alhamis bayan azahar, yana tambayar ko an ga dutsen.

Ran Asabar masanan suka iske zaman makoki. Saja ya fito musu da dutsen. Babbansu ya jima a kansa da gilashin ƙara girman abu. Daga bayan labule Tani ta yi tambaya.

"Na gaske ne?"

"Na gaske ne, Hajiya. Ban taɓa ganin irinsa ba."

Ta miƙo zanen.

"Ku naɗe shi. Ba ya son ƙura ta taɓa shi."