Danƙon Mai Gyaran Agogo

Da magariba Tela ta fita sayen auduga. Kwana tara ke nan tana jinyar mahaifiyarta, har ta kai inda mutum ba ya jin yunwa, ba ya jin barci, kuka ma ya ƙi zuwa. Likita bai ɓoye mata ba, ya ce da wuya Inna ta kai gobe. Ita kuwa Inna magana ɗaya ta rage a bakinta: "Auta ya iso?" Auta, ƙanin Tela, yana hanya, amma tafiyar kwana biyu ce.

Ta tarar da shagon magani a rufe. Kusa da shi akwai wani ɗan shago da ba ta taɓa gani ba, alhali kullum ta layin nan take bi. Agoguna ne rataye har rufi, babu ko ɗaya mai motsi. Wurin yana warin tsatsa.

"Kwana biyu kike nema," in ji mai gyaran agogon. Sai da ya rufe baki sannan muryar ta iso kunnenta.

Da wata rana ce, da tuni ta ranta a na kare. Amma wanda ya gaji irin wannan gajiya ba ya da ƙarfin tsoro. Ta tsaya kawai.

Ya miƙo mata wani danƙo ruwan toka, mai sanyi kamar daga randa aka ciro shi.

"Lokaci ta rami yake shiga ɗaki, kamar iska. Ki liƙe ƙofa da taga, zai rage gudu a ciki. Awa ɗaya a wurinku, kwana biyu a waje. Amma ki bar ramin makulli a buɗe."

Ta koma gida, ta rufe ɗakin Inna da su biyu a ciki. Ta bi gefen taga da danƙon, ta bi ƙasan ƙofa, tsaf kamar tana kalmasa bakin zane. To, hannun tela ba ya ganin ɓaraka ya wuce. Ba ta ma san lokacin da babban yatsanta ya danna ragowar a ramin makulli ba.

Ƙarar motoci ta ɗauke. Ta zauna a kujera, ta riƙe hannun Inna.

Hasken taga ya fara ƙyaftawa. Fari, baƙi, fari, baƙi, kamar ƙwan lantarki mai shirin mutuwa. Can ya haɗe ya zama toka-toka. Daga ƙofa wani siririn sauti yana tasowa, kamar kukan sauro. Ta ji shi, ba ta damu ba.

Sai warin tsatsa ya cika ɗakin.

Katifa ta lotsa ta wajen ƙafafun Inna. Wani ya zauna. Ta sake lotsawa. Wani kuma.

Ba ta ga kowa ba. Numfashinsu kawai take ji.

"Kin toshe duka," aka raɗa mata a kunne. "Inda lokaci ba ya shiga, namu ne."

Yatsu masu sanyi suka kama wuyan hannunta, suna raba shi da na Inna, a hankali, babu gaggawa.

Almakashinta na kan tebur. Ta fizge, ta ɗauka, ta faɗa jikin ƙofa. Wani abu ya riƙe mata ƙafa. Ta soka bakin almakashin a ramin makulli, ta murɗa.

Iska ta shigo da fito. Riƙon ya saki. Ƙofar ta buɗe da kanta.

Wani mutum ne zaune a bakin ƙofar, gemunsa duk furfura, ga gatari mai dakusasshen baki a gefensa. Ya miƙe da ƙyar.

"Yaya?"

Muryar ce ta gane.

"Shekara goma sha tara," in ji Auta. "Kafintoci sun gwada, maƙera sun gwada, ƙofar nan ko kwarzane ba ta yi ba. Kullum sai na buga."

Ya shiga ya durƙusa a gaban gado. Inna ta buɗe ido, ta daɗe tana kallonsa.

"Sannu, bawan Allah. Ko ka ga Auta a hanya?"

"Ni ne, Inna. Ni ne Auta."

Ta yi masa murmushin da ake yi wa baƙo, ta juya wajen Tela. "Idan ya iso, ki ce masa na jira shi."

Maganarta ta ƙarshe ke nan, ta cika.

Tela ta koma ɗinkinta. Baƙi sukan ɗauka Auta ne babba, su biyun kuma ba mai gyara musu. Bai taɓa tambayarta abin da ya faru a ɗakin ba, ita ma har yau ba ta yi kuka ba. Saƙon Inna kuwa yana nan a wurinta. Ta rasa wanda za ta ba.